Labulen Mista Brandvold

Shekara talatin da takwas Orville Brandvold ya yi yana koyar da kiɗa a sakandaren Elk Ferry, a jihar Nebraska ta Amurka. Ɗalibai dubu biyu da ɗari tara da goma sha huɗu suka bi ta hannunsa. Ya tsara taken fareti sittin da ɗaya, ya karya sandar jagorancin kiɗa goma sha bakwai, uku a kan tebur saboda haushin masu ganga. Ɗan manomin masara ne, a coci ya fara busa kakaki yana shekara tara. Da ya yi ritaya bai iya zaman gida ba, sai ya karɓi badujalar gari, mutum arba'in da biyu, masu kiɗa a dandali duk ranar Alhamis da bazara.

Kunnensa ne ya yi masa suna, sai kuma labulensa. Masu sarewa bisa ƙwarewa suke zama, kuma na kujerar farko ke busawa shi kaɗai in kowa ya yi shiru. Mai son kujerar wani sai ya nemi su kara. A rataya labule tsakaninsu da Orville, su biyun su tuɓe takalma don kada a gane takunsu, su ja ƙuri'a, su busa bi da bi, Orville ya zaɓi lamba. Hukunci ba ya tashi sai bayan shekara guda, dokar da shi ya kafa ta. Sau ɗari uku da shida ya yi wannan alƙalanci, ba a taɓa kama shi da son kai ba.

Kujerar farko kuwa ta matarsa Marlys ce, shekara ashirin da tara. Kwatsam sai Jolene Petrak mai raba wasiƙu, wadda Marlys ta koya wa sarewa tun tana 'yar shekara goma, ta nemi su kara nan da mako shida.

"Marlys, yatsun nan naki fa? Ga sanyin ƙashi," in ji Orville suna karyawa.

"Sun fi gwiwoyinka lafiya, tsoho. Sha kofinka. In ka kuskura ka yi mini alfarma, a gareji za ka kwana."

Amma shi ya riga ya yanke shawara: sau ɗaya tak zai yi maguɗi. Gane ta ba wuya. Kafin duk doguwar busa takan ja wani ɗan numfashi ta hanci, kamar kyanwa za ta yi atishawa. Shekara arba'in da huɗu yana mita a kansa.

Ranar karawa, mutum arba'in suka yi tsit a ɗakin gwaji. Lamba ɗaya ta busa sumul, ba gargada, ba numfashin hanci. Orville ya ce a ransa: yarinyar nan ta ƙware. Lamba biyu ta kuskure sau biyu, ya ƙirga. Sai ga ɗan numfashin nan.

"Lamba biyu," ya ce, idonsa a ƙasa.

Mai babbar ganga ya saki baki. Aka yaye labule. Jolene ce riƙe da lamba biyu. Ashe ba busa kaɗai ta koya wurin malamarta ba, har da numfashin.

Orville ya dafa kujera. "Marlys... ke ce ta ɗaya? Ina numfashin?"

"Mako shida ina gasa yatsuna da ruwan zafi, ina yaƙi da hancina a ɗakin wanki, don in huta da mitarka." Ta tsaya, ta ƙura masa ido. "Dakata. Ka ji kuskure biyun nan?"

"Na ji."

"Ka zaɓe ta kana tsammanin ni ce?"

Kunnuwansa suka yi ja.

"Ya Ubangiji! Orville Brandvold, alfarmar taka ce ta kayar da ni!"

Jolene ta fashe da kuka. "Malama, riƙe kujerarki, ni ban ci ba. Kowa ya ji."

"Zauna, 'yata. Doka tasa ce, bari ya sha abin da ya dama." Marlys ta ɗauki ɗan matashin da take zama a kai, ta yi taku ɗaya zuwa hagu, ta ajiye shi a kujera ta biyu.

Kwana goma sha ɗaya Orville ya yi a gareji. Ya ci gaba da jagorancin badujala, amma ya naɗe labulen ya miƙa wa mai kiɗan cocin garin, bai sake alƙalanci ba. Alhamis goma sha huɗu na bazarar nan, duk lokacin da ya nuna Jolene da sanda ta busa ita kaɗai, Marlys na gefenta, sarewa a cinya, tana kallonsa ta saman tabarau. A jikin kalandar kicin kuwa ta zagaye da jan biro ranar da hukuncin zai cika shekara, kullum safiya tana soke kwana ɗaya.