Neman Kan Rafi a Duwatsun Riruwai

Litinin

Na bar Bebeji da ƙarfe biyar na asuba a lorin gyaɗa, kuɗin mota sule uku. A lokacin ina aikin malamin daji, an aike ni ƙasar Doguwa in duba iyakar gandun daji. Takarda ta ce gandun ya tsaya a rafin da ba ya ƙafewa. To, rafi biyu ne ke gangarowa daga dutsen, kuma akwai wata unguwa mai gida goma sha ɗaya a tsakaninsu. In na arewa ne, unguwar tana waje. In na kudu ne, ta faɗa cikin gandu, sai ta tashi.

Mun iso Tudun Wada da ƙarfe goma, ɗan doka ya leƙa kaya ya ɗaga mana hannu. Daga nan gonaki suka ƙare, sai itatuwan doka da kirya da maɗaci, ƙudan tsando na ta cizo.

"Malam, iyakata Doguwa," in ji direba. "Gaba sai ƙafarka."

Da la'asar muka sauka. Dagaci ya ba ni zaure da tuwon dawa.

Talata

Tafiyar sa'a biyar ta kai ni unguwar. Duwatsun a jere suke kamar ganuwa, ƙasansu jan dutse, samansu baƙi sumul. Can gefe ana hango ramukan masu haƙar kuza. Mai unguwa, Baba Jatau, tsohon maharbi ne. Na karanta masa takardar, ya saurara har ƙarshe.

"Gobe ni zan kai ka," ya ce.

Laraba

Mun fara hawa da ƙarfe shida. Ƙasa-ƙasa gora ce mai duhu, sai kaɗanya jefi-jefi, sai falalen dutse inda rema ke gudu cikin tsaga. Wasu gwaggon birai sun zauna a kan wani ƙaton dutse suna kallonmu. Iskar sama ta fi ta Bebeji sanyi nesa ba kusa ba.

Da hantsi muka kai kan rafin arewa. Akwai ruwa kwance a wani kwarmi. Na ciro fensir.

"Dakata, ɗana," in ji Baba Jatau. "Wannan ragowar damina ce. Nan da wata guda sai yashi."

Muka ƙara sa'a biyu, muka zaga ta kudu. A ƙarƙashin wani ɓaure ruwa ke fitowa daga tsagar dutse, kaurinsa kamar hannun mutum, gansakuka ta rufe bakin wurin.

"Tun ina yaro bai taɓa tsayawa ba," ya ce.

"Baba, ka san abin da wannan zai jawo muku?"

"Na sani. Amma tambayata ka yi wanne ne ba ya ƙafewa."

Ya durƙusa ya yi alwala, muka yi azahar a nan.

Juma'a

Na iso Bebeji da magariba a lorin itace. Na rubuta abin da na gani, na ƙara da roƙon a bar su su girbe dawarsu. An amince da wannan. Bayan kaka suka koma bakin Doguwa, aka yanka musu sababbin gonaki.

Na gode wa Allah da ya dawo da ni lafiya, da dagacin da ya sauke ni, da Baba Jatau, wanda bai karɓi ko goro a hannuna ba.