Layin Juliana Job

Duk wanda ya daɗe a Yelwa ya san gidan Mama Juliana Job, mai jan ƙyaure, daidai inda masu keke ke juyawa. Yanzu kaji take kiwo. In ka same ta da silifas tana jayayya da masu sarin ƙwai, ba za ka ce matar nan ta taɓa riƙe ma'aikata guda ba.

Malamar firamare ce tun asali. Mutanen garinsu, can kudancin jiha, suka tura ta majalisar dokoki don sun gaji da wakilan da ba sa buɗe baki sai in hamma ta zo. Ita kuwa bakinta ba ya mutuwa. Bayan zango biyu aka ba ta kwamishinar ruwa, wasu suka ce don a raba ta da lasifikar majalisa ne kawai. Hali zanen dutse. Wata rana ta ciko jarka da ruwan rijiyar wata unguwa, mai kama da kunun kanwa, ta dire a teburin taron kwamishinoni, ta ce bismilla, kowa ya kurɓa. Ba a daɗe ba, tana cikin mota za ta ofis, ta ji a rediyo an sauke ta. Ta ce direba ya tsaya, ta fita ta tari keke.

Da zaɓe ya kewayo ta fito neman tikitin sanata. Manyan jam'iyya sun riga sun ɗaga hannun nasu, sauran masu nema duk suka janye. Sai aka turo mata Alhaji Hammawa, wani dattijon jam'iyya mai sanyin baki.

"Ranki ya daɗe, an yi maslaha, saura ke. Ki janye, a sanar cikin girma da arziki."

"Alhaji, da wa aka yi maslahar? Ni dai ban je ba."

"Kin san ƙato bayan ƙato za a yi. Kowa zai tsaya bayan hoton wanda yake so, da rana tsaka, ana ɗaukar fuskoki a waya. Wa zai zubar da tuwonsa saboda ke? Filin nan zai ba ki kunya."

"To ya ba ni. A ce an kayar da Juliana, na yarda. A ce ta janye kuwa, sai bayan raina."

Washegari rediyo ta ce ta janye. Ni da na ji da kunnena raina ya ɓaci, don ban san ƙaryar da ta fi wannan rainin wayo ba: mutum na zaune da ransa, a ari bakinsa a ci masa albasa.

Ranar zaɓen fid da gwani, a filin makarantar da ta taɓa koyarwa, ta iso da hotonta da kujerar roba. Lailatu mai atamfa, jagorar matan da ke binta, ta taho da ayarinta. Juliana ta tare su a bakin ƙofa.

"Lailatu, mijinki ma'aikacin gwamnati ne, ga yara. Ku bi wancan layin. Ba za a kori kowa daga aiki a kaina ba."

"Haba Mama, mu bar ki ke kaɗai?"

"Na ce ku tafi."

Suka tafi, Lailatu na share ido da bakin mayafi. Wancan layin ya miƙe har bayan azuzuwa.

Jami'in ƙidaya Hafizu ne, magidanci da furfura 'yar kaɗan, wanda ya taɓa zama a ajinta. Ya matso yana kallon ƙasa.

"Malama, an ce kin janye. Babu layinki."

"A bakina ka ji?"

"A'a. Amma ko da akwai, ai ba kowa a bayanki."

Ta jingina hoton a kan kujera, ta zaro katin jam'iyya daga jaka, ta zagaya ta tsaya a bayan hotonta. Rana na dukanta, masu waya suna ta ɗauka, wasu na dariya. Ba ta ko kalle su ba.

"Hafizu, ni na koya maka ƙidaya a ajin can. Ƙirga."

Ya dubi Alhaji Hammawa da ke zaune a rumfa. Alhaji ya kau da kai. Hafizu ya ɗaga lasifika.

"Juliana Job, ɗaya."

"Ban ji ba."

Ya maimaita da ƙarfi, har na ƙarshen layi suka ji. Dariya ta ɗauke. Ta naɗe hotonta, ta ɗauki kujerarta ta nufi titi.

Da yamma, rediyon da ta ce ta janye ita ce ta karanto sakamakon mazaɓar, da sunanta a ciki. Juliana na zuba wa kaji dusa. Ta ƙara muryar rediyon, ta saurara har aka zo kanta, sannan ta kashe.