Kajijin Innata da Aka Kira Ciyawa

Sai da na haura arba'in na shiga ajin yaƙi da jahilci, kuma tun ranar da hannuna ya iya riƙe biro nake son rubuta abin da aka yi wa kajijin innata. Har yau in na tuna raina ɓaci yake.

A ƙasan gonar gidanmu, tsakanin Kura da Bunkure, akwai wani lungu da ruwa ke kwanciya. Nan innata ta dasa kajiji tun ban san kaina ba. Kajiji ba a shuka shi duk shekara. Da rani ya bushe, ruwa na taɓa ƙasa ya farfaɗo daga saiwarsa. Karansa a mulmule yake, ba ganye, yana kai min ƙugu, in ka tsaga shi ka ga ɗaki-ɗaki a ciki. Saiwar ce dukiyar: baƙa a waje, in ka kankare ta ƙamshi ya bi hannunka har washegari. Mukan tono, mu shanya, mu daka, mu haɗa turaren wuta. Fulanin da ke sauka kusa da mu sun ce suna ganinsa a fadamu har gabas wajen Barno, amma ba ya hawa tudu, sai inda ƙafarsa ke cikin laima.

Da inna ta rasu, mijina ma ya rasu, na dawo gidan yayana. Lungun nan shi ne abincina da sabuluna.

Bayan sojoji sun karɓi mulki, shekarar da kowa ya haukace da tumatir, wani malamin gona ya zo da littafi a hammata. Ya zaga gonar da yayana, ya tsaya kan kajijin, ya shure shi da takalmi.

Ya ce, "Alhaji, wannan aya-aya ce. A sa tarakta ta yi haro a haɗe da sauran gonar, ga kanal na ban-ruwa a kusa."

Na ce, "Malam, wace aya-aya? Tsuguna ka murza karan."

Ya yi dariya. "Iya, ciyawa dai ciyawa ce."

"Aya-aya karanta gefe uku gare shi, ba ta wuce idon sawu, ga ganye. Wannan fa? Ko a makarantar taku ba a tsugunawa?"

Yayana ya daka min tsawa. "Ke, shiga gida! Mutum da karatunsa za ki koya wa aiki?"

Na ce, "Yaya, da turaren nan aka kai matarka ɗaki."

Bai kalle ni ba. Malamin ya rubuta wani abu, ni kuwa lokacin ko baƙi ɗaya ban sani ba, sai kallo.

Ranar Laraba da hantsi tarakta ta zo. Daga wata gona ta fito, faifayanta cike da laka. Na tsaya a gabanta na nuna wa direban ƙananan ƙwayoyi maƙale a lakar, irin na aya-aya na gaske, masu sarƙe da zare kamar carbi. Na ce ya wanke kafin ya shiga. Ya ce shi ba wanki aka ɗauke shi ba. Yaya ya janye ni da hannu. Kafin azahar babu kajiji. Ƙamshi ya cika gonar, har direban yana tambaya wa ya fasa turare. Na bi bayan taraktar ina tsintar guntayen saiwa a haɓar zani, ina kuka, ba na kunyar faɗa.

Su yaya suka ja rami suka tsane lungun, saiwar kajijin da ta rage a ƙasa ta mutu. Aya-aya kuwa ba ruwanta da tudu ko kwari, kuma in ƙarfe ya yanka zarenta kowace ƙwaya zama uwa take. Tumatir bai yi wata ba ta fito kamar gashi. Suka nome, ta dawo. Suka sake haro, ta ninka. Malamin gona bai ƙara biyowa ta hanyarmu ba.

Guntayen da na tsinta na binne su a fasasshen tulu, gindin randa inda ruwa ke ɗiga. Uku suka kama. Abin da ya rage min na gadon innata ke nan, tulu guda.

Bayan shekara biyu za a aurar da 'yar yayana. Ya zo ƙofar ɗakina yana sosa ƙeya, wai ko akwai ɗan kajiji na amarya.

Na ce, "Yaya, ai ciyawa ciyawa ce. Je ka gonarka ka tono, ta cika."

Yarinyar ba ta yi min komai ba, ita na kira da kaina na damƙa mata rabin abin da ke tulun. Shi dai bai taɓa ko ƙwaya ɗaya da hannunsa ba, kuma har ya koma ga Allah, Allah ya jiƙansa, bai ce min ya yi kuskure ba.