Baƙin Tabarau a Gidan Surukai

A duk Kafanchan, daga tashar jirgi har bakin kasuwa, ba a taɓa yin mai kunya kamar ƙanen babana ba. Baba Ƙarami muke ce masa. Tela ne, ya iya ɗinki, amma in mace ta zo awo sai ya miƙa mata tef ta auna kanta, shi kuwa ya juya yana kallon bango. Akwai ranar da akuya ta shiga shagonsa ta kama cin yadi, ya tsaya yana ce mata, “Yi haƙuri, na mutane ne.” A coci shi ke buga ƙararrawa, don aikin nan kaɗai ne ba ya bukatar buɗe baki.

Duk da haka ya samu budurwa, wata malamar firamare 'yar wani ƙauye kusa da Godogodo. Mama ta ce a aljihun rigar da ya ɗinka mata ya sa wasiƙa, sannan ya rufe shago kwana uku. Sau biyu ana sa ranar zuwa gaida iyayenta, sau biyu zazzaɓi yana kama shi da asuba, ya sake shi da zarar mota ta tashi. A na uku Malama ta zo har gidanmu ta ce, “In ba ka zo ba wannan Asabar, ka auri keken ɗinkinka.”

A shekarar da motoci suka koma bin hannun dama ne, ina aji biyu a sakandare. A makon da Malama ta zo aka kawo mana majigi makaranta da rana tsaka, aka toshe tagogi da barguna, muka zauna muna zufa kamar dankali a tukunya. Ƙarar injin ta hana mu jin Turancin, amma labarin a fili yake. Wani ɗan siririn akawu ne, kowa na taka shi, har karen maƙwabta. Sai ya tsinci wani baƙin tabarau. Da ya ɗora shi a hanci sai ya rikiɗe: ya hau tebur yana rawa, ya ja wa manajansa kunne, ya bi karen nan da gudu har kan bishiya. Da ya cire, sai ya koma laƙwas. 'Yan aji suna dariya, ni kuwa Baba Ƙarami kawai nake gani.

Babana yana da baƙin tabarau a ƙasan akwati, wanda ya daina sawa tun da Mama ta ce ya yi kama da ƙwaro. Na ɗauko na kai shago, na kwaikwayi fim ɗin kaf, har da hawa tebur.

“Ke dai ba kya jin magana,” in ji Baba Ƙarami. “Wannan ai ƙaryar Turawa ce.”

“To gwada mana. Ko tsoron gilashi ma kake?”

Ya sa. Ya dubi titi, ya ce a hankali, “Ba sa ganin idona?”

“Ko kaɗan.”

Muka tafi wurin mahaucin da ya shekara biyar yana sayar masa da ƙashi da sunan nama. Baba Ƙarami ya dafa tebur ya ce, “Malam, cire wannan ƙashin, ba kare nake kiwo ba.” Mahauci ya saki baki, ya cire, har da gyara. A hanyar gida Baba Ƙarami na taku kamar soja, ni ina biye ina jin kaina kamar na ƙirƙiro jirgin sama.

Abin da ban sani ba, ni da aka haifa a barikin reluwe ban taɓa zuwa gaisuwar surukai ba, shi ne a can ba a son ango ya yi magana sam. Durƙusawa zai yi daga gefe, kai a ƙasa, yayansa ya yi bayani. In an kawo abinci ya ɗan taɓa ya ture. Wato a duk duniya wuri ɗaya ne aka yi shi daidai da Baba Ƙarami, ni kuma na je na gyara shi.

Ranar Asabar zazzaɓi bai zo ba. Muka hau babbar mota, babana a gaba, mu a baya da buhun gishiri da garwar manja. Ni aka ɗauka don dakon kaya. Muna isa bakin gidan na ga Baba Ƙarami yana neman komawa cikin mota, na zungure shi. Ya zaro tabarau ya ɗora.

Dattawa na zaune a gindin mangwaro, mahaifin Malama a tsakiya kan kujerar katako, tsoho mai farin gashi da idanu kamar na shaho. Babana ya cire hula ya rusuna. Kafin ya gama “Mun same ku lafiya?” sai ango ya wuce shi fuu, ya kama hannun tsohon ya girgiza kamar mai buga famfo.

“Baba, yaya gida? Yaya gona? Kai, wannan rigar taka wa ya ɗinka? Ya cuce ka a kafaɗa!”

Akwai wata kujera da aka ajiye wa fasto. Ya ja ta ya zauna, ya ɗora ƙafa kan ƙafa. Babana ya tsaya a rabin rusuno, bai miƙe ba bai durƙusa ba, kamar wanda baya ya riƙe. Aka kawo tuwon acca da kaza. Baba Ƙarami, wanda a gida sai an fita yake iya tauna, ya cinye tuwon, ya bi kazar har wuya, ya ɗaga kwano ya ce ko akwai ƙari. Wata tsohuwa ta ce, “Yesu!” ta rufe baki da zane. Ta ƙofar madafa na hango Malama, hannu biyu a ka.

A majigi in mutum ya yi haka dariya ake yi. Nan ko kaza ba ta yi dariya ba, wadda ta rage.

Tsohon ya juya wurin babana, da irin Hausarsa ta mutanen ƙauyen nan ya ce, “Yarinya na ya gaya mani mutum mai hankali ne zai zo, wanda ko ƙuda ba ya kora. Shi na yarda da shi. Wannan direba da kun kawo, ban san shi ba. Ku ɗauki gishiri naku.”

Aure ya mutu ke nan, kuma ni na kashe shi. Ban san lokacin da na ajiye garwa ba. Na ratsa tsakiyar dattawa, abin da yarinya ba ta yi, na fizge tabarau daga fuskar Baba Ƙarami.

Ya ƙifta ido. Ya ga tsohon, ya ga ƙasusuwan kaza, ya ga ƙafarsa a sama. Sai ya sulale daga kujera kamar rigar da ta faɗo daga igiya, ya durƙusa, goshi kusan a ƙasa. Bakinsa na motsi, ba abin da ke fita sai wani ɗan sauti irin na ɗan tsako.

Na durƙusa ni ma, ina kuka ina bayani, majigi da akawu da kare da mahauci duk a cakuɗe. “Baba, laifina ne. Wallahi a gida akuya ma haƙuri yake ba ta.”

Tsohon ya karɓi tabarau, ya jujjuya shi, ya ɗora a hancinsa. Ya dubi dattawa ɗaya bayan ɗaya. Ya dubi matarsa, tsohuwar nan mai zane, ya buɗe baki kamar zai faɗi wata magana da ya shekara arba'in yana ajiya.

“Gwada mu gani,” in ji ta.

Ya cire da sauri. Dattawa suka fashe da dariya, har wani ya ƙware. Tsohon ya nuna Baba Ƙarami da ke durƙushe a ƙasa ya ce, “Yauwa. Wannan ne yarinya na ya faɗa. Ku shigo da gishiri.”

Numfashin da na saki a lokacin, na tabbata ya kaɗa ganyen mangwaron nan. Babana ya ƙarasa rusunonsa, ya yi bayani yadda ake yi, ango bai ƙara cewa uffan ba har muka hau mota. Malama ta rako mu, ta murɗe mini kunne, sannan ta cusa mini cinyar kaza a hannu.

An ɗaura aure bayan girbi. Hukuncina shi ne hutun makaranta duka a ƙauyen na yi shi ina kankare citta, har yatsuna suka yi wata guda suna yaji. Tabarau kuwa tsohon bai mayar ba. Ya sa wa mutum-mutumin da ke gonar accarsa, ya ce tun daga ranar ko tsuntsu ɗaya bai sauka ba. Rigar tasa ma ya aiko a gyara kafaɗar.