Ranar da Aka Tashe Mu Daga Unguwar Marke

Da safiyar ranar ina surfen dawa a tsakar gida. Lokacin kaka ne, rumbuna a cike. Surukata, Inna Ladi, tana zaune a rana tana kaɗi, don ƙafafunta sun daɗe da daina ɗaukarta.

Tun da damina hukuma ta aiko cewa dajinmu, can ƙasar Doguwa, ya zama gandun gwamnati, mu tashi. Mazan unguwa suka kai ƙara kotu. Aka ce musu ba mai taɓa mu sai an saurare su. A kan wannan maganar maigidana da sauran magidanta suka tafi Kano, suka bar mata da tsofaffi.

Da hantsi na ji kukan mota. Mota ba ta zuwa wajenmu. Na ajiye taɓarya. Sai haushin karnuka, sai usur ɗin jami'an hukuma.

"Kowa ya fito! Ku fito!"

Limaminmu, Malam Tanimu, ya tare su a bakin rijiya. "Ranku ya daɗe, ai maganar tana gaban alƙali." Ta bayan danga na ji saukar kulki a jikinsa. Bai ƙara magana ba.

Daga gabas suka fara cinna wuta. Jinka tana ci, dawa tana fashewa tas-tas a cikin rumbu. Mata suka watse, kowacce da 'ya'yanta. Ni ba ni da ɗa. Na goya Inna da zanena, na kutsa cikin kara.

"Sauke ni, Hajara, ki gudu," in ji ta. Na ƙara ɗaure zanen.

Azahar ta same mu a bakin wani rafi. Na yi ta kiran sunayen maƙwabta, ba wanda ya amsa. Na ba Inna ruwa da tafin hannu. Ta tambaye ni ko ɗanta ya dawo. Na ce yana hanya.

Bayan la'asar, kusa da wata ruga, hannunta ya saki wuyana. Ta yi nauyi. Na ci gaba da tafiya da ita a haka, don ban san inda zan sauke ta ba.

Fulanin rugar ne suka yi mata sutura. Duk wurin ni kaɗai na san sunanta.

A Tudun Wada maigidana ya same ni, ina daka a gidan mutane. Ya ce alƙali ya ba da umarni a dakata, kada a tashi kowa sai an gama shari'a. Ko da umarnin ya isa unguwarmu, toka ya tarar.

Ba mu koma ba. Malam Tanimu bai kai Juma'a ba ya rasu. Maƙwabta wasu sun yi Kiru, wasu Bebeji, ban sake ganinsu ba. Da muka je neman kabarin Inna, Fulanin sun tashi, ciyawa ta rufe wurin. Muka yi ta zagaye har rana ta yi sanyi, sannan muka juyo.