Kawu Mai Agogo, Mun Yarda da "Lafiya Lau" Ɗinka

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Da hantsin Talata, sha huɗu ga watan Shawwal, Allah ya karɓi ran kawuna, wanda duk layinsu ke kira Mai Agogo. A waya na sami labarin, Kawu, kamar yadda na saba samun komai naka.

Shekara talatin kana zaune a shagon nan mai ƙofa ɗaya, gilashi maƙale a ido, kana tsintar ƙananan kusoshi da ɗan hantsaki. Agogona na farko kai ka haɗa shi daga matattu guda uku. Ka ɗaura min ka ce, "Na sa shi gaba da minti biyar, sarauniyar latti." Ko mura wani ya yi a dangi, sai ka rufe shago ka tafi da ƙafarka. Ba ka yarda da amsar kowa sai ka kalli idonsa.

Da aka daina ɗaura agogo, matarka kuma ta rasu, muka saya maka waya, muka sa ka a zauren dangi na WhatsApp, mu arba'in da uku. A ganinmu mun yi abin kai. Kullum da safe wani zai rubuta, "Kawu, an tashi lafiya?" Ka amsa, "Lafiya lau, alhamdulillahi." Mu tura hoton babban yatsa mu wuce.

Mun manta cewa dattijo irinka ba ya amsa gaisuwa da ciwo. Mako bakwai kana kwance ƙafafu a kumbure, mai wankin da ke maƙwabtaka da kai ne ke ɗebo maka ruwa. Ya so ya kira mu, ka hana. "Bar su, suna da hidima. Ai suna gaishe ni kullum."

Tsakanin gidana da ɗakinka tafiyar minti ashirin ce. Kunya nake ji, Kawu, kuma ba ni da wanda zan ɗora wa.

Ina miƙa ta'aziyya ga 'ya'yanka, da mai wankin da ya fi mu zumunci, da Inna, yayarka, wadda ita ma ke zaune ita kaɗai. Jiya na je wurinta ban kira ba. Ta daɗe tana kallona daga bakin ƙofa, sannan ta ce, "Wa kuma ya rasu?"

Allah ya jiƙanka, ya haskaka kabarinka, ya sada ka da rahamarsa. Mu kuma ya yafe mana.