Zabuwar da Kaza Ta Ƙyanƙyashe

A shekarun tsuke bakin aljihu aka dawo da Maryama, ɗiyar kawuna, daga Makka inda aka haife ta. Baƙa ce wuluk kamar mu, amma Hausarta duk a karye. A can suna ce mata takari, mu kuma a garinmu Madadi muka laƙaba mata Balarabiya. Kwanonta daban, tabarmarta daban, ba mai aikenta ko ɗibar ruwa. Mu a zatonmu karamci ne. Ita kuwa kullum kuka take a mayar da ita, alhali can ɗin ne suka koro ta.

Wata rana bayan isha'i muna zagaye da murhu, Inna, kakarmu, ta gyara itace ta ce, "Ga wata nan tafe, ku buɗe kunne. Ke Maryama, matso nan, ba a jin tatsuniyata daga nesa."

Wai wata mata ce ta sa wa kaza ƙwan zabuwa. Da 'yar zabuwar ta girma, kaji suka ce ba tasu ba ce, dubi zanen jikinta. Ta je wajen zabbi, suka ce, "Ke da kike tafiyar kaji?" Ana nan shaho ya kawo hari. Kaji suka ruga ƙarƙashin rumbu. Ita kuwa kafin ta yi tunani, fir! sai ga ta bisa tsamiya tsakiyar zabbi.

"Wa ya koya mata tashi?" in ji Inna.

Kashegari Inna ta haɗa kwanon Maryama da namu, ta miƙa mata taɓarya. "Gidanku ne nan, ba mu ciyar da raggo."

Yarinyar nan ta cilla taɓarya sama, ta tafa, ta cafe, irin luguden Inna sak! Inna ta dafe ƙirji tana salati. Ashe uwarta, wadda ta koyi daka a turmin nan tana amarya, ita ta koya mata a wani ɗan ɗaki a Makka.

Da Shari'a ta zo, matan gari suka riƙa tururuwa wajen Maryama koyon Larabci, suna cewa nata ne na asali. Dariya kawai take yi. Ta taɓa ce mini, "Ban san ina da gida ba sai ranar da Inna ta yi mini faɗa."